Tashar da Kawu Ya Gina a Kan Tebur

Daga Allah muke, wurinsa za mu koma, Kawu kuwa ya riga mu hawa jirgi. Na fara da wannan ne don kada a ce ɗan ƙanwarsa ya zauna rubuta ta'aziyya ya ɓuge da shaƙiyanci. Mutanen Unguwar Sarki sun san halina. Sun ce ko maƙabarta aka aike ni, sai mai haƙa ya yar da diga don dariya. Ban musa ba. Amma yau wanda ya zo neman dariya ya tsinci abin da ya faɗo, ya bar mini sauran. Akwai abin da ya tokare mini maƙoshi tun rasuwar nan, in ban amayar da shi ba, zai kashe ni tun kafin hawan jini ya samu rabonsa.

Safiyar addu'ar uku na dawo daga Katabu, inda aka aike ni ɗauko Goggo, autar su Kawu. Na sauke ta a ƙofar gida ta shige wajen mata, ni kuma na nufi rumfar maza. An shimfiɗa tabarmi tun daga bakin zaure har kwalta, jama'a kamar ana rabon filaye. Na yi sallama, na nemi gefe kusa da wani dattijo Bakatsine da suka yi aikin gwamnati tare da Kawu, na saki jikina gaba ɗaya, jikin da masu keke napep ke gani su ƙara wuta. Ina zama wani abu ya soke ni ta ƙasa. Na yi tsallen da rabona da shi tun ina firamare. Liman yana tsakiyar addu'a, sai da ya buɗe ido ɗaya.

Na laluba cikin saƙar tabarmar na ciro abin. Kai ne. Kan mutum, bai fi ƙwayar wake ba, da jar hula da ɗan gashin baki, an datse shi daga wuya. Na san shi kamar yunwar cikina. Shugaban tasha ne, wanda yake tsaye riƙe da tuta a kan teburin Kawu tun kafin a yi mini kaciya.

Bakatsinen ya leƙo tafin hannuna, ya gyara tabarau.

"Af! Ɗaya daga cikin mutanen mamacin ke nan. Allah shi jiƙan shi. Shekara da shekaru muna ofis guda, ban taɓa jin ya ɗaga murya ba. Amma hwa akwai wasan yara."

Wani Bakano mai shagon atamfa ya karɓe: "Ai kowa da jarrabawarsa, Alhaji. Wani mata, wani siyasa, shi kuma 'yar tsana."

Daga baya wani direba Bazamfare ya ce, "Ku bar hwaɗin haka. Mutumin ga, da ƙanena ya rasu, shi ya kira ni ya gwada min shi tsaye bakin tasha da jakkar shi. Ni dai ban ga wasa ba wurin."

"To, ai yanzu babban ɗansa ya tsarkake gidan," in ji Bakanon. "Allah ya yi masa albarka."

Na dunƙule hannuna a kan shugaban tasha. Da aka zo shafa fatiha kowa ya shafa da hannu biyu, ni da ɗaya na shafa.

Kafin in faɗi abin da na tarar a cikin gida, bari in faɗi wane ne Kawu, don wanda bai ga tashar ba ba zai san abin da aka rushe ba.

Kawu yayan mahaifiyata ne, wadda muke kira Inna. Mai zanen taswirar gine-gine ne a ofishin gwamnati har ya yi ritaya. Siriri ne, in ya juya gefe sai ka neme shi ka rasa. Ba ya shan taba, ba ya cin goro, ba ya zaman majalisa. Ciwonsa ya samo asali ne lokacin da wani Bature injiniya a ofishinsu zai koma ƙasarsu, ya baje kayan gidansa. Abokan aiki suka yi wawa: wannan firji, wancan fanka, wani keke. Kawu ya dawo gida da ƙaton kwali a ka. Matarsa, Allah ya jiƙanta, ta yi guɗa, ta ɗauka tangaran ne. Da aka buɗe sai ga guntayen roba manne a jikin juna kamar ƙayar kifi. Ta ce, "Malam, mutane sun sayo firji, kai ka sayo abin da kyanwa ta rage?"

Kaya ne da Turawa ke yi: jirgin ƙasa, jirgin sama, motoci, gidaje, mutane da dabbobi, duk 'yan mitsi-mitsi, a zuba su cikin kwali a warwatse. Wanda ya saya shi zai yanko su ɗaya bayan ɗaya, ya goge, ya haɗa da gam, ya shafa fenti. Wato ka biya kuɗinka, sannan ka yi musu aikin. Ni har gobe ban ga dabarar kasuwanci da ta kai wannan ba.

Daga kwalin nan Kawu bai warke ba. Ya zama ɗan gida a layin 'yan gwanjo na Babbar Kasuwa. In an kwance dilar kayan wasan yara, za ka gan shi tsugune da farar rigarsa a tsakiyar mata masu goyo, yana tono. Sababbi ba sa burge shi. Tsoho yake nema, mai kwalin da ya koɗe, wanda wani yaron Turai ya yi wa kwaɗayi ya kasa haɗawa. In ya samu, sai ya fara shinshina kwalin kamar mai sayen daddawa. 'Yan gwanjo suka sa masa suna Baban Yara, suna ɗauka jikoki yake saya wa. Jikokin da ko ƙofar ɗakin da yake aikin ba su isa su taɓa ba.

Ɗakin yana gefen zaure. Da la'asar in ya dawo masallaci sai ya shige, ya ɗaura madubin ƙara girma a ido, ya ɗauki hantsaki, ya zaro harshe kaɗan, ya ɗauke numfashi. Na rantse akwai ranar da ya ɗauke numfashi tun la'asar bai sake shi ba sai da aka kira magariba. Buroshinsa kuwa, ni dai na ce daga gashin bakin sauro aka yi shi. Ni kaɗai yake bari in shiga, wai don ƙaryata tana hana shi gyangyaɗi. Shi ya raɗa mini Sarkin Zuƙi. Sharaɗi ɗaya ne: ban da atishawa. Na taɓa saɓawa sau ɗaya, wata akuya ta tashi sama daga bakin layin dogo, har yau ba ta sauko ba.

Yakan ce, "Gam ba ya son mai fushi." In ransa a ɓace yake, ba ya taɓa komai, sai ya zauna yana kallo. Yakan kuma ce, "Abin da aka liƙa da gaggawa, da gaggawa yake ɓallewa." Wannan ya faɗa mini ranar ɗaurin aurena na farko, kuma ba ƙarya ya yi ba.

A kan wani faffaɗan tebur da ya cinye rabin ɗakin ya gina tasha. Layin dogo ya zagaye, ga gada, ga kogi na fenti, ga ciyawa ta dusar katako da ya rina kore. Amma mutanen da ke zuwa cikin kwalayen duk Turawa ne, masu malafa da lema da kare. Kawu ya ce ba zai ajiye tashar da ba mai sayar da rake a cikinta ba. Sai ya riƙa kankare malafar, ya gina hula. Ya jiƙa siririyar takarda da gam ya naɗa musu babbar riga, har da aska a ƙirji. Wani Bature mai kwat da ya shigo ɗakin da jakar ofis, ya fita a matsayin mai tsire. Haka Kawu ya musuluntar da rabin Ingila a kan tebur, ba wa'azi ba gardama.

Abin ya sauya ne da mai shayin bakin layinmu ya rasu. Bayan an yi bakwai, Kawu ya kira ni ya nuna mini wani sabon mutum a kan dandamalin tashar, tsayinsa bai kai ƙaramin yatsa ba. Ya ɗaga kofi sama yana tsiyayo shayi, ƙafa ɗaya a kan benci. Ban bari ya faɗi ba, na ce, "Kawu, wallahi shi ne, har bashin da yake bi na na tuna."

Ya ce, "Duniya tasha ce, Sarkin Zuƙi. Wani jirginsa ya iso, wani yana can yana cinikin rake."

Tun daga nan, duk wanda ya rasu a unguwa, in Kawu ya san shi, sai ya tsayar da shi a dandamali. Wanzami, ladan, tela, mai gyaran rediyo, matarsa ita kanta. Ba ya shela. Sai dai in kwana ya ja, ya aika a kira mai takaba ko ɗan mamaci, ya buɗe ƙofa, ya fita ya bar su. Na ga matar mai shayi ta tsaya a ɗakin nan ta rufe baki da mayafi, abin da ta iya cewa kawai, "Har butar ya sa masa." Wannan shi ne wasan yaran da ake faɗa a rumfa.

Ba kowa ya yarda da abin ba, kuma wadda ta fi kowa ƙi ita ce Inna. Inna mace ce da ba ta taɓa tsayawa gaban mai hoto ba. A bikina, da mai hoto ya ɗaga kyamara, ta shige bayan randa. Wata rana ta zo gidan ta ga ladan a kan tebur, ta dafe ƙirji.

"Yaya, ka girma. Gemunka ya yi fari kana ƙera mutane? Ranar gobe in aka ce ka busa musu rai, me za ka ce?"

Kawu ya ce, "Ni ba bauta musu nake ba. Mantuwa nake tsoro."

"Ka ji tsoron Allah ya fi. Kuma ka ji da kyau: in na riga ka, ka zana fuskata a cikin tarkacen nan, ban yafe ba."

"Da wace fuskar? Wadda kullum take a murtuke? Ai fentina ba zai isa ba."

Ta ɗauki mayafinta ta fita. Daga ƙaramar Salla har babba ba su yi magana ba, sai dai ta aiko da fura, ya aika da goro, kowa yana cika yana batsewa.

Ta riga shi ɗin. Bayan arba'in ya kira ni. Can ƙarshen dandamali, nesa da maza, wata mata ce tsaye ta ba mu baya. Ɗankwalinta ya karkace hagu. Kafaɗa ɗaya ta fi ɗaya sauka, saboda ƙwaryar da ta ɗora a kafaɗar. Hannunta na dama yana baya, riƙe da ludayi, ludayin da ya san kowane lungu na ƙeyata. Na zagaya in ga gabanta. Babu ido, babu hanci, babu baki. Sumul, kamar ƙwai.

Kawu ya ce, "Na cika mata alƙawari. Fuska ta hana. Ba ta ce komai a kan ƙeya ba."

Na yi kukan da maƙwabta suka fito suna tambaya ko saniya ake yankawa. Ba ni da hoton uwata ko ɗaya a duniyar nan. Wannan 'yar robar ita ce kaɗai wurin da nake zuwa in gan ta.

Yanzu sai in kawo Taubashi, babban ɗan Kawu. Shi ɗan namiji, ni ɗan mace, don haka tun muna yara shi ne ubangida ni ne bawa, kamar yadda aka gada. Tsakaninmu babu gaisuwa sai zagi. In ya gan ni ya ce, "Bawa, wa ya kwance ka?" in ce, "Yunwar gidanku ce ta cinye igiyar." Mutum ne mai kamewa, babban ma'aikaci, ko dariya sai ya duba agogo, amma da ni yake sakin jiki. Duk shekara in watan Cika-ciki ya kama, sai ya zo har shagona na kayan lantarki ya jefa mini kuɗin shara, in bi shi da tsiya har mota. Ina ƙaunarsa. Ku riƙe wannan, don da ba na ƙaunarsa da abin bai yi ciwo ba.

Abu ɗaya na sani, ba ya shiri da ɗakin. Tun ranar da ya ɓalle wa wani tarago ƙafa muna yara, Kawu ya mare shi, marin da bai taɓa yi wa kowa ba kafin nan ko bayan nan, iyakarsa bakin ƙofa.

Da ciwo ya kwantar da Kawu, hannunsa ya fara rawa har hantsaki ya gagare shi, wata ranar Juma'a bayan an sauko ya sa aka kira mu, mu biyu. Ya ce, "Na tambayi malamai a kan mutanen nan nawa. Wasu sun tsananta, wasu sun sassauta. Ban san inda gaskiya ta faɗi ba, ina dai fatan rahama. Ku bar mini su in riƙa gani har in cika. In na cika, ba na so su jawo wa gidan nan magana. Sarkin Zuƙi ya kwashe su duka, ya kai bayan shagonsa. Kada a raba, kada a fasa. Amanar mutane ce."

Ya kama hannun ɗansa ya ɗora a kan nawa. "Ka ji?"

Taubashi ya yi murmushi ya ce, "Baba, ai bawa da kayansa duk mallakina ne. Amma na ji, ya kwashe tarkacensa, ya rage mini shara."

Ni kuma, da bakina da ba ya iya zama shiru, na ce, "Ka ji tsiya, gadon gida guda ka samu, ni na samu gari sukutum da jirgin ƙasa."

Kawu ya yi dariya har da tari. Muka tashi a haka. Ba mu kira kowa ya shaida ba. Wa zai kira shaida tsakaninsa da taubashinsa?

Ranar da ya cika, da muka dawo daga maƙabarta, na ce wa Taubashi zan kawo kwalaye. Ya riƙe hannuna ya ce, "Haba bawa, ƙasar kabarin ba ta bushe ba a gan ka kana fita da kaya? Sai a ce mun fara rabon gado. Bari a yi uku. Ga makulli a aljihuna." Magana ce mai hankali, na yarda. Washegari da yamma ya ce ƙafar Goggo ta matsa mata, in je Katabu in kwana, mu yi sammako. Na tafi ina ta ba Goggo labarin yadda zan sa wa tashar fitilu.

To, mu koma safiyar uku. Ana shafa fatiha na miƙe na shiga zaure. Ƙofar ɗakin a buɗe take. An jingine teburin da bango, gada ta karye, ciyawar dusa ta zube. Inda tasha take, buhunan shinkafa ne da kulolin abincin baƙi. Ta taga na hango taragun jirgi a tsakar gida, 'ya'yan baƙi sun ɗaura musu zare suna ja a cikin ruwan wanke-wanke. A lungu kuma ga wata robar wanki cike da mutanen Kawu, an tara su kamar ƙananan kifi. Ladan, tela, wanzami, mai shayi da kofinsa a sama. Ba ko ɗaya mai kai. A bakin taga an ajiye abin yanke farce.

Na tona har ƙasa na samo ta. Ga ƙwarya a kafaɗa, ga ludayi a baya. Daga wuya zuwa sama babu komai.

Na fito zaure da robar a hannu. Dattawa sun shigo gaisawa da iyalan gida, Liman yana tsakiya, Taubashi yana gefensa sanye da farar shadda.

Na ce, "Allah gafarta Malam, kai ka ce a yi wannan?"

Liman ya dubi robar ya ce, "Babban ɗan mamaci ya zo ya tambaye ni jiya. Na ce abin da ya fi, a fitar da su daga gidan. Ya ce babu mai ɗauka, babu inda za a kai. Na ce to in haka ne, a cire kawunan."

"Babu mai ɗauka?" Na juya. "Taubashi, ba a gaban Kawu ka ɗora hannunka a kan nawa ba? Ba ka yi alƙawari ba?"

Ya buɗe hannuwa, ya yi irin murmushin nan namu. "Alƙawari? Jama'a, ku ji mini bawa. Tun da aka haife mu, ni da shi mun taɓa yin magana ɗaya ta gaske? Bara na yi masa alƙawarin zan kai shi kasuwa in sayar in sayi akuya. Shi ma in cika?"

Zauren ya ɗauki dariya, irin dariyar da mutane ke yi a gidan makoki in sun samu dalili, kamar masu ƙishi sun ga randa. Bakatsinen ya share ido ya ce, "Ai maganar taubasai ba ta zuwa gaban alƙali, ɗana."

Na ce, "Wallahi wasiyya ce. Uwata tana cikin robar nan."

"Uwarsa tana cikin roba!" in ji Bakanon. "Wannan fa shi ne ya ce ya ga kifi a kogin Kaduna ya haɗiye kwale-kwale da masunci, ya tofar da hular."

Aka sake fashewa. Na faɗi hakan, ban musa ba, kuma hular ja ce. Shekara da shekaru ina sa mutanen nan dariya kyauta, ranar da na zo da gaskiya tsirara sai suka ɗauka sabon shiri ne. Taubashi ya san haka zai faru. Ya san duk unguwar nan babu mai ɗaukar rantsuwata a bakin komai in har shi ya ce wasa ne. Da wannan ya auna ni, ya yanka daidai.

Na tare shi a soron ciki, inda babu kowa. Ban ɗaga murya ba.

"Da ka kira ni, kafin la'asar na kwashe su. Ko ƙurarsu ba za ka gani ba."

Murmushin ya gudu daga fuskarsa. Ya ce, "Kai a cikin ɗakin ka girma. Ni a bakin ƙofa na girma. Baba ya san yadda mai shayi ke ɗaga kofi, bai san ajin da nake ba."

Na ji wannan, kuma ban ce ƙarya yake ba. Amma na ɗago Inna na nuna masa.

"Ka ce wa Liman siffa ce ta dame ka. Wannan ba ta da fuska. Goggonka ce, ita ta yi maka wankan jariri. Me ta yi maka?"

Ya dubi agogonsa. Ya ce baƙi suna jira.

Goggo ce ta same ni a wurin, tana jan ƙafa. Ashe labari ya kai wajen mata. Ba ta ce mini yi haƙuri ba, Allah ya saka mata. Tsintsiya ta miƙo mini da rariyar tankaɗe.

"An share ɗakin an watsa a ƙofar gida, sannan aka shimfiɗa tabarmi a kai. Ba bawa yake ce maka ba? To shara ta bawa ce. Je ka ɗauki abinka, in ga wanda zai hana ka."

Haka na fita da babbar rigata da tumbina, na ce wa dattawa su ɗaga. Na naɗe tabarmi, na durƙusa, na share yashin ƙofar gidan na tara, na riƙa zubawa a rariya ina tankaɗewa. Da farko an yi dariya, ana cewa yau Sarkin Zuƙi ya zo da sabo. Da kan ladan ya fito da rawaninsa, na goge na sa a kwalin ashana, dariyar ta ragu. Direban nan Bazamfare ya tuɓe hula ya durƙusa kusa da ni, ya riƙa tara mini yashi da hannu. Can ya tsinci wani, ya daɗe yana kallo, ya ce, "Ga ƙanena."

Har rana ta take muna tankaɗe. Mun samu da yawa. Na tankaɗe ƙofar gidan nan har na kusa cim ma ruwa. Na bi kwata, na bi juji, na duba ƙarƙashin takalman mutane. Kan Inna bai fito ba.

Yanzu tashar tana bayan shagona. Na karɓo abin da ya rage na taragu, na miƙe gadar da katakon kwalin fanka. Yatsuna kamar rogo suke, kuma gam ba ya son mai fushi, don haka aikin ya ci watanni. Ba na rantsuwa kowa ya samu kansa. Ina zargin tela yana yawo da kan wanzami, amma tun suna raye ma ba su da bambanci wajen surutu. Inna kuwa, matata ce ta yanko ɗan ƙyalle daga tsohon zanenta da muka ajiye, ta lulluɓa mata daga kafaɗa zuwa inda kai ya kamata ya kasance. In ka tsaya daga baya, sai ka ce sanyi take ji. Ni ba na zagayawa gaba.

Na kuma yi abin da ba wanda ya rage ya yi. Na samo wani siririn Bature a cikin kwalin da Kawu bai kai ga buɗewa ba, na kankare malafar, na naɗa masa farar riga, na liƙa masa hantsaki na waya a hannu. Bai yi kyau ba. Hular ta fi kan girma, wuyan ya karkace kamar yana leƙen maƙwabta. Na tsayar da shi kusa da ƙanwarsa, su ƙarasa rigimarsu.

Da watan Cika-ciki ya kama, sai ga motar Taubashi a ƙofar shago. Ya fito yana gyara hula, ya ɗaga murya yadda maƙwabta za su ji, kamar kowace shekara.

"Ina bawan nan? Fito ka karɓi kuɗin shararka, kafin in sa a ɗaure ka!"

Maƙwabtan shago suka matso, sun san yau akwai kallo. Na miƙe tsaye. Na gyara rigata, na ɗan rusuna.

"Barka da zuwa, Alhaji. Ina gajiya? Ya iyali? Ya ƙarin haƙurinmu?"

Ya tsaya da hannu a aljihu yana jiran zagin. Ya ce, "Kai, bawa, lafiyarka?"

"Lafiya ƙalau, Alhaji. A kawo ruwa?"

Ya dube ni, ya dubi maƙwabta, ba wanda ya yi dariya. Sai idonsa ya wuce kafaɗata zuwa ƙofar baya, wadda na bari a buɗe. Daga inda yake ana hango ƙarshen dandamali, da siririn mutumin nan mai karkataccen wuya. Ya taka a hankali har bakin ƙofar, ya tsaya. Ya daɗe a tsaye.

Ban ce ya shiga ba.

Allah ya jiƙan Kawu, ya yafe masa abin da ya sani da wanda bai sani ba. In akwai kuskure a cikin abin da hannunsa ya ƙera, Allah ya dubi abin da zuciyarsa ta nufa. Ya haɗa shi da Inna a inda ba a mantuwa. Mu da muke nan muna cinikin rake, Allah ya sa jirginmu ya same mu da alƙawarin mutane a cike.